RA'AYINMU: Masanin shari'a a cikin akwatin telebijin

A zamanin nan da wuya a yi wata babbar shari'a a duniya ba a ga wani masanin doka ya bayyana a telebijin yana yi wa jama'a bayaninta ba. Haka nan idan masu sinima suka tashi shirya fim a kan wani abin da ya faru da gaske, kamar kisan gilla ko zaluncin wani mai mulki, sukan nemo lauya su zaunar da shi gaban kamara, littattafai jere a bayansa, ya riƙa fassara wa mai kallo abin da ya gani. Mutanenmu suna girmama mai ilmi, saboda haka idan irin wannan mutum ya yi magana sai a ɗauke ta tamkar hukuncin alƙali. Wannan shafi yana ganin lokaci ya yi da za mu tsaya mu auna wannan al'amari, domin akwai amfani mai yawa a cikinsa, akwai kuma haɗari. Za mu ɗauki misalin lauyoyi biyu da duniya ta sani, waɗanda aka yi fim a kan kowannensu a cikin shekara guda, wato 2007.

Na farko shi ne Reed Brody, mutumin Amurka, wanda a da ya daɗe yana aiki da ƙungiyar kare haƙƙin ɗan Adam ta Human Rights Watch. Sunansa ya haɗu da labarin maƙwabciyarmu Chadi. Kamar yadda manya daga cikin masu karatu za su tuna, Hisen Habre ya kama mulki a Injamena a watan Yuni na 1982, ya riƙe shi har zuwa Disamba na 1990, lokacin da Idris Debi ya kore shi ya gudu zuwa Senegal. A cikin waɗannan shekaru takwas yana da ƴan sandan ciki da ake kira DDS, masu gidajen kaso nasu na kansu, har da wani tsohon wurin ninƙaya na zamanin Turawa da aka rufe samansa aka mayar da shi kurkuku a ƙarƙashin ƙasa. Kwamitin bincike da gwamnatin Chadi ta kafa bayan faɗuwarsa ya ba da rahoto a 1992, inda ya ƙiyasta cewa mutanen da suka hallaka sun kai 40,000.

Waɗanda suka tsira ba su yi shiru ba. Wani ma'aikacin Hukumar Tafkin Chadi mai suna Souleymane Guengueng, wanda aka kama a 1988 ya kwashe fiye da shekara biyu a tsare, ya shiga bin ƴan uwansa ɗaya bayan ɗaya yana rubuta abin da ya same su, har ya tara takardun shaida 792. Da waɗannan mutane ne Reed Brody ya haɗa hannu tun daga 1999. A 2001 shi da wani abokin aikinsa suka tarar da tarin takardun DDS a zube a tsohon ofishinta na Injamena. Da aka tantance su, sai aka sami sunayen mutum 1,208 da aka kashe ko suka mutu a tsare, da na mutum 12,321 da aka azabtar ko aka tsare ba bisa doka ba.

Samun takardu bai isa ya kai tsohon shugaba gaban alƙali ba. Wani alƙalin Dakar ya tuhumi Habre a watan Fabrairu na 2000, amma manyan kotunan Senegal suka ce ba su da hurumin yi masa shari'a a kan abin da aka aikata a wata ƙasa. Masu ƙara suka nufi Beljik, wadda ta ba da takardar kama shi a 2005. A 2006 Tarayyar Afirka ta ɗora wa Senegal nauyin yi masa shari'a da sunan Afirka, duk da haka aka yi ta jan ƙafa, sai da Kotun Duniya da ke birnin La Haye ta yanke a watan Yuli na 2012 cewa dole Senegal ta gurfanar da shi ko ta miƙa shi. A tsawon waɗannan shekaru, abin da ya hana maganar ta mutu shi ne yawan maimaita ta a gidajen rediyo da telebijin da jaridu, kuma Reed Brody yana cikin waɗanda aka fi gani suna wannan aiki. A 2007 wata mai shirya fim ƴar ƙasar Holand, Klaartje Quirijns, ta fito da fim a kansa, wanda ma'anar sunansa ita ce mafaraucin ƴan kama-karya. 

Ga amfanin masanin shari'a a gaban kamara a fili. Talakan da aka zalunta ba shi da hanyar shiga fadar shugabannin duniya, kuma ko ya shiga bai san sunan dokar da za ta tsaya masa ba. Lauya ne ya san cewa akwai yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya ta 1984 mai hana azabtarwa, cewa Senegal ta sa mata hannu, kuma cewa wannan yarjejeniya ta wajabta wa ƙasa ta yi wa mai azabtarwa shari'a ko ta miƙa shi ga mai yi masa. Idan ya faɗi haka a telebijin da kalmomin da kowa ke ganewa, sai kukan mutum guda ya zama haƙƙin da ake iya nema, mahukunta kuma su ji kunyar yin kunnen uwar shegu. Wannan aiki ne na alheri, ba mu kuma raina shi.

Sai dai akwai abin da ya kamata mai kallo ya riƙe a zuciyarsa. Fim ɗin ya fito shekara takwas kafin a buɗe shari'a. Mutumin da ke bayani a cikinsa yana tare da masu ƙara ne, bai kuma taɓa ɓoye haka ba. Duk wanda ya kalli fim ɗin a 2007 bakin ɓangare guda ya ji. Abin da ya mayar da zargi ya zama hukunci ya faru ne a Dakar, a gaban kotu ta musamman da Senegal da Tarayyar Afirka suka kafa a 2013. An buɗe zama ran 20 ga Yuli 2015 a ƙarƙashin wani alƙali ɗan Burkina Faso, Gberdao Gustave Kam. Habre ya ce bai yarda da kotun ba, sai da aka shigo da shi da ƙarfi, ya zauna da rawani da baƙin tabarau bai amsa tambaya ba. Lauyoyinsa suka ƙaurace wa zaman. Kotu ba ta ce to shi ke nan, duniya ta riga ta san laifinsa ba. Ta naɗa masa waɗansu lauyoyi uku ƴan Senegal, ta ɗage zama kwana 45 domin su karanta takardu, sannan ta saurari shaidu 93, lauyoyin nan kuwa suna yi musu tambayoyi. Ran 30 ga Mayu 2016 aka yanke masa ɗaurin rai da rai. Aka ɗaukaka ƙara, kotu ta sama ta tabbatar da ɗaurin ran 27 ga Afrilu 2017, amma ta soke ɗaya daga cikin laifuffukan da aka ɗora masa, saboda ba a bi ƙa'ida wajen shigar da shi cikin tuhuma ba. Habre ya mutu a Dakar a watan Agusta na 2021 yana ƙarƙashin wannan hukunci.

Ku dubi wannan laifi guda da aka soke. A gidan telebijin babu mai tsayawa ya ce an ƙara wannan tuhuma a makare, a cire ta. Kotu ce kaɗai ke da wannan haƙuri, kuma saboda shi ne hukuncinta ke da nauyin da ba a iya musunsa. Masanin da ke magana a akwati bai rantse ba, ba a yi masa tambayar ƙure, ba ya jiran amsar abokin gaba, idan ya yi kuskure kuma babu wata kotu ta sama da za ta gyara. A shari'ar Habre, abin da masu ƙara suka faɗa ya tabbata. Ba kullum ake dacewa haka ba.

Lauya na biyu shi ne Metir Jacques Vergès na Faransa, wanda ya rasu a 2013. Shi a ɗaya gefen ya tsaya, wato wajen kare waɗanda ake tuhuma. A 1957 ya kare Djamila Bouhired, ƴar gwagwarmayar neman ƴancin Aljeriya da kotun sojan Faransa ta yanke wa hukuncin kisa. Da ya ga babu nasara a cikin ɗakin shari'a, sai ya kai maganar waje, ga jaridu da jama'ar duniya, har aka fasa kashe ta, aka sake ta a 1962. Daga nan ya mayar da wannan dabara hanyar aikinsa: ya ƙi yarda da cancantar masu yin shari'ar, ya juya tuhuma kan masu tuhuma, ya kuma yi magana da mutanen waje fiye da yadda yake yi da alƙali. Mutum ne mai zaƙin baki, gidajen telebijin suna son sa ƙwarai. Fim ɗin da Barbet Schroeder ya yi a kansa a 2007 ya nuna shi zaune cikin kwanciyar hankali, sigari a hannu, yana ba da labarin kansa yadda ya ga dama. Ya ɓace daga 1970 zuwa 1978, ko iyalinsa ba su san inda yake ba, kuma a cikin fim ɗin ma ya ƙi faɗin inda ya tafi.

A 1987 ya kare Klaus Barbie, shugaban ƴan sandan ciki na Jamus a birnin Lyon lokacin yaƙin duniya na biyu. Cikin laifuffukan da aka tuhumi Barbie da su har da kame yara Yahudawa 44 a ƙauyen Izieu a watan Afrilu na 1944, aka tura su inda aka hallaka su. Vergès, tare da wani lauya ɗan Kongo da wani ɗan Aljeriya, ya tsaya yana lissafa abin da Faransa ta aikata a ƙasashen da ta mallaka, yana tambayar da wane baki za ta yi wa wani shari'a. Mu da muka ɗanɗani mulkin mallaka mun san akwai gaskiya a cikin wannan magana, kuma idan muka ji ta a telebijin zuciyarmu takan karkata gare shi. Amma tambayar da ke gaban kotu ita ce ko Barbie ya kama yaran nan ko bai kama su ba, kuma laifin Faransa a Aljeriya ba ya amsa ta. Ran 4 ga Yuli 1987 aka yanke masa ɗaurin rai da rai. Darasin da ke nan shi ne masanin shari'a yana iya faɗin gaskiya tsantsa, alhali ya ɗauko ta ne domin ya kawar da idon mai kallo daga wata gaskiyar da ba ta yi wa wanda yake karewa daɗi.

Ba mu zargin Vergès don ya kare mai laifi. Kowane wanda ake tuhuma yana da haƙƙin samun mai kare shi, komi munin abin da aka ce ya yi, kuma ƙasar da ta hana wannan haƙƙi ta rushe shari'arta da hannunta. Ba mu kuma zargin Brody don ya tsaya wa waɗanda aka zalunta. Abin da muke cewa shi ne dukansu biyu, idan suka zauna gaban kamara, ba su tuɓe rigar aikinsu ba. Hausawa na cewa kowa ya ci ladan kuturu, shi zai yi masa aski. Lauyan da ya karɓi shari'a, ko da kuɗi ko don aƙida, ya ɗauki alkawarin tsaya wa mutuminsa, kuma ba zai saki alkawarin ba don an kira shi mai sharhi. Waɗannan biyun ma an san inda suka tsaya. Wanda ya fi haɗari shi ne wanda aka gabatar da shi da sunan masani kawai, ba a gaya wa jama'a cewa yana da hannu a cikin shari'ar ba, ko cewa ɗan jam'iyyar ɗaya daga cikin masu rigimar ne.

Akwai wani abu kuma da kamara ke yi, wato ta ɗaukaka mutum guda ta manta da saura. Wadda ta jagoranci lauyoyin masu ƙara a shari'ar Habre ƴar Chadi ce, Metir Jacqueline Moudeina, wadda aka jefa wa gurneti a Injamena a watan Yuni na 2001 ta ji mummunan rauni, ba ta kuma janye ba. Amma fim ɗin 2007 da laƙabin baƙo ya fito. Sai a 2016 ne wani ɗan Chadi, Mahamat-Saleh Haroun, ya yi nasa fim ɗin, inda ya bar waɗanda aka azabtar suka yi magana da bakinsu, Clément Abaïfouta yana yi musu jagora, mutumin da aka tilasta wa haƙa kaburburan ƴan uwansa fursunoni. Waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi. Bayan haka, da aka gama shari'a masu kamara suka naɗe kayansu. Kotu ta yanke a biya mutum 7,396 diyyar sefa miliyar 82, amma shekaru suka yi ta wucewa, da yawa daga cikinsu suka mutu ba su ga ko dala ba. Sai a 2024 gwamnatin Chadi ta ware miliyar 10 domin fara biya. Zartar da hukunci shi ne wurin da talaka ya fi bukatar mai bayani, shi ne kuma wurin da masu sharhi suka fi ƙaranci.

To, mene ne namu a ciki? Yau akwai telebijin a gidaje da shaguna da majalisun shan shayi daga Yamai har Damagaram, kuma guntun magana na minti guda yakan bi wayoyin hannu ya kai Maraɗi da Tawa da ƙauyukansu kafin gari ya waye, an yanke farkonsa an yanke ƙarshensa. Idan aka kama wani sananne, kafin alƙali mai bincike ya gama aikinsa an riga an yanke masa hukunci a bakin kasuwa, ana cewa ai masani ya faɗa. Alhali ƙa'idar shari'a ita ce mutum ba shi da laifi sai kotu ta tabbatar, kuma binciken alƙali sirri ne har sai an kai ga zaman kotu. Mutumin da aka ɓata wa suna a gaban dubban jama'a, ko kotu ta wanke shi daga baya, wankin ba ya kaiwa inda ɓatancin ya kai. Ƴaƴansa suna lakol, ƴarsa tana jiran aure, duk abin zai shafe su.

Saboda haka muna kira ga shugabannin gidajen telebijin da rediyo, na gwamnati da masu zaman kansu, su mayar da waɗansu abubuwa ƙa'idar aiki. Duk masanin da aka gayyato, a faɗa wa jama'a tun da farko ko wane ne shi, ina yake aiki, kuma ko yana da hannu a cikin shari'ar da za a tattauna. Idan lauyan ɓangare guda ne, a nemi na ɗaya ɓangaren, idan ya ƙi zuwa a sanar da haka. Mai gabatar da shiri ya riƙa tsayar da baƙonsa yana tambayarsa: wannan da ka faɗa, doka ce ta ce haka ko ganinka ne? Idan doka ce, wacce? Idan kuma kotu ta wanke wanda aka yi sharhi a kansa, a ba wannan labari lokaci daidai da wanda aka ba zargin.

Muna kira ga masanan kansu, lauyoyi da malaman jami'a da tsofaffin alƙalai, su ji tsoron Allah a kan amanar da jama'a suka ba su, su kuma kula da harshe. A watan Maris na 2025 dokar sake gina ƙasa ta ɗaukaka Hausa ta zama harshen ƙasa, amma mafi yawan dokokinmu da Faransanci aka rubuta su, kuma wajen juya su ne ake yin ɓarna. Wanda ake zargi daban, wanda alƙali mai bincike ya tuhuma daban, wanda aka gurfanar gaban kotu daban, wanda aka yanke wa hukunci daban, shi ma ɗin yana da damar ɗaukaka ƙara. Idan mai sharhi ya tattara su duka ya kira su mai laifi, ya yanke hukuncin da ba a ba shi ikon yankewa ba. Haka kuma tsare mutum a kumisariya domin bincike ba ɗauri ba ne, sakinsa na wucin gadi kuma ba wankewa ba ce. Waɗannan bambance-bambance suna da kalmominsu a Hausa, sai dai a yi ƙoƙarin amfani da su.

Muna kuma so a tuna cewa shari'ar da ta fi damun manomi da makiyayi ba ta shugabannin ƙasashe ba ce. Rigimar iyakar gona ce, da burtali, da rabon gado, da aure da saki, da bashi. Mutane nawa ne suka san iyakar ikon mai gari da sarki wajen sulhu, da lokacin da magana ke wucewa gaban alƙali? Nawa ne suka san abin da dokar karkara ta 1993 ta tanada game da rubuta gona da sunan mai ita, ko cewa ɗaukaka ƙara yana da wa'adi, wanda idan ya wuce an rufe ƙofa? Masanin da ya ba da rabin awa kowane mako a Tele Sahel ko Muryar Sahel yana bayyana waɗannan abubuwa da Hausa da sauran harsunanmu, ya yi wa ƙasa aikin da ya fi sharhi a kan shari'ar da ba a gama ba. Ma'aikatar shari'a da ƙungiyar lauyoyi suna da mutanen da za su iya wannan, abin da ya rage shi ne a ba su fili.

Ku kuma ƴan uwa da kuka yi yaƙi da jahilci kuka ci nasara, ku ne ake tambaya a majalisa idan an gama kallo, domin an san kuna karatu. Kada ku ce wa mutane ai masani ya faɗa, magana ta ƙare. Ku tambayi wa yake karewa, wace takarda ya nuna, me ɗaya ɓangaren ya ce, kuma ko kotu ta riga ta yi magana. Matambayi ba ya ɓata. Ma'aikatan gwamnati su ma, musamman waɗanda ke riƙe da takardun jama'a, su kiyaye bakinsu a kan shari'ar da ke gaban alƙali, kada su zama masu ba ƴan sharhi abin da doka ta ce a rufe. Allah ya ba alƙalanmu ikon yin adalci, ya ba masananmu ikon faɗin gaskiya, ya zaunar da ƙasarmu lafiya.